Duka a gidan aure: Haƙƙin da matan Sanyinna ke barowa a gaban alƙali

A Sanyinna da ƙauyukan da ke kewaye da ita a Ƙaramar Hukumar Tambuwal, kowa ya san hanyar da matar da miji ya daka take bi. Za ta yi yaji, a zo biko, iyaye su ce ta yi haƙuri. In abin ya ci tura, a je wurin mai unguwa ko liman. Kafin ta kai gaban alƙali ta riga ta gaji, abin da take so kawai a raba. A nan ne mata da yawa ke yin asara, domin kalmar da aka fi saurin miƙa musu ita ce khul'i, wato mace ta mayar da sadaki ta fanshi kanta.

Alhali fiƙihun Malikiyya, wanda kotunan shari'a na Jihar Sakkwato ke aiki da shi, ya bambanta abu biyu. Khul'i na matar da ta ƙi zaman ne ba tare da mijin ya cuce ta ba. Wadda kuwa aka cutar da duka, ko zagin iyaye, ko ƙaurace mata ba dalili, tana da damar neman alƙali ya raba auren saboda cutarwa, ba ta biya ko sisi ba. Sakin da alƙali ya yi ta wannan hanya yankakke ne, miji ba ya da kome sai da yardarta da sabon ɗaurin aure. Mukhtasar na Shehu Khalil ya nuna cewa in cutarwar ta tabbata, ba sharaɗi ba ne sai an kawo shaidar cewa ta maimaitu.

Matsalar kullum ita ce shaida, tunda duka a ɗaka ake yin sa. Malaman mazhabar ba su manta da wannan ba. Tuhfatul Hukkam ta Ibn Asim, littafin da alƙalan Arewa suka daɗe suna dogaro da shi, ta karɓi shaidar ji da ta yaɗu: amintattun mutane su tabbatar cewa maganar ta bazu tsakanin maƙwabta da dangi cewa wane yana cutar da matarsa. Idan hujja ta gagara kuma ƙara ta yi ta maimaituwa, alƙali na iya sa a zaunar da ma'auratan cikin mutanen kirki da za su sa ido, ko ya naɗa masu sulhu biyu, ɗaya daga danginta ɗaya daga danginsa, kamar yadda aya ta 35 ta Suratun Nisa'i ta tsara.

Abin da ya kamata kowane waliyyi ya sani shi ne wannan: ko mace ta riga ta biya kuɗin khul'i, in daga baya ta tabbatar da cewa cutarwa ce ta tilasta mata, sakin yana nan, kuɗin kuma a mayar mata. A ganina, uban da ya sayar da akuya ko buhun gero ya fanshi 'yarsa daga mai dukanta, sau da yawa ya biya bashin da ba a bin sa.

To in alƙalin farko ya ƙi sauraron shaidunta, ko ya yanka mata kuɗin da ya fi ƙarfinta fa? Hukuncinsa ba shi ne ƙarshe ba. Daga ƙaramar kotun shari'a akwai babba, akwai kuma Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a da ke Sakkwato, wadda sashe na 277 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba ta hurumi kan aure, saki da riƙon 'ya'ya. Daga nan sai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya, wadda ke da reshe a Sakkwato, sannan Kotun Ƙoli. Masu cewa mace ba ta cin nasara a sama su tuna da Safiya Hussaini Tungar Tudu. Tata ba shari'ar aure ba ce, amma wannan kotu ta Sakkwato ce ta soke hukuncin da kotun Gwadabawa ta yanke mata, a watan Maris na 2002.

Sai dai ɗaukaka ƙara tana da wa'adi, galibi kwana 30 daga ranar hukunci, kuma wadda ta makara sai ta roƙi ƙarin lokaci da dalili. Kotun sama da abin da aka rubuta take aiki. Saboda haka dole mace ko waliyyinta su dage a rubuta cewa ta yi zargin duka, ta ambaci shaidu, sannan su nemi kwafin shari'a wurin rajistara. Abin da ba ya cikin kwafi, da wuya a saurare shi a Sakkwato.

Ɓangaren laifi kuma daban ne. Tsohon kundin Final Kod na Arewa, a sashe na 55, ya bar wa miji ƙofar "ladabtar" da mata muddin bai yi mata mummunan rauni ba. Dokar VAPP ta tarayya ta 2015 ta ɗauki dukan abokin aure a matsayin laifi mai ɗaurin da zai iya kai shekara 3, ko tarar da ba ta wuce Naira 200,000 ba, ko duka biyun, ta kuma tanadi umarnin kotu na kariya. Sakkwato ta yi tata dokar VAPP a 2021, kuma ɗan wannan ƙaramar hukuma ne, Aminu Waziri Tambuwal, ya sa mata hannu yana gwamna. Neman raba aure bai hana a kai ƙarar duka wurin 'yan sanda ba.

Inda gizo ke saƙar shi ne nisa. Cibiyar Nana Khadija da ke Asibitin Ƙwararru, da lauyoyin mata na FIDA, da Hukumar Ba da Agajin Lauyoyi, duk a babban birni ake samun su. Matar Sanyinna ko Kebbe sai ta nemi kuɗin mota zuwa da dawowa, da na mai rakiya, da wanda zai riƙe mata yara, ga kuma ɗage zama. Abin da ke hannunta tun daga gida shi ne ta je asibiti mafi kusa a ranar da abin ya faru, a duba raunin a rubuta, ta adana katin, ta kuma nuna wa maƙwabta biyu da za su iya tsayawa gaban alƙali.