Sabunta manhajar tsohuwar dikoda: abin da yake gyarawa da abin da ya fi ƙarfinsa

A unguwannin ma'aikata da ke kewaye da rukunin masana'antu na Challawa, kamar Panshekara a ƙaramar hukumar Kumbotso, gidaje da yawa har yanzu suna kallon tashoshin kyauta na tauraron ɗan adam da dikodar da ta daɗe a hannunsu, irin su Strong, kuma idan wata tasha ta ɓace, abin da ake fara cewa shi ne a kai dikodar a yi mata filashin. Filashin shi ne sake zuba manhajar ciki, wato umarnin da kamfani ya dasa a ƙwaƙwalwar na'urar domin ta san yadda za ta karɓi sigina daga faranti, ta jera tashoshi, ta fitar da hoto da murya.

Tsofaffin dikodoji ana zuba musu manhajar ne daga kwamfuta ta kebul na RS-232, na baya-bayan nan kuwa ta filas a kafar USB. Aikin yana magance daskarewar na'ura, yana kuma sabunta jerin mitocin da tashoshi suka koma a kan taurari irin su Nilesat da Eutelsat. Sai dai iyakarsa ke nan. Dikodar da aka ƙera a kan tsarin DVB-S da MPEG-2 ba za ta taɓa nuna tashar da ta koma DVB-S2, tsarin da aka amince da shi a 2005, ko MPEG-4 ba, domin wannan aiki ne na ƙwayar lantarkin da ke jikin allon na'urar, kuma manhaja ba ta sauya ƙwaya. Mai gyaran da ya karɓi kuɗin mai dikoda bisa alkawarin dawo masa da irin waɗannan tashoshi ya ci haƙƙinsa.

Babban haɗarin kuwa shi ne ɗaukewar wuta ana tsakiyar zubawa, abin da ba baƙo ba ne a Kano, domin manhajar da ta tsaya a rabi takan bar na'urar ta kasa tashi gaba ɗaya, haka ma idan aka zuba mata manhajar wani samfurin. Saboda haka ya kamata mai dikoda ya duba lambar samfurin da ke bayanta, ya tabbata an adana jerin tashoshinsa, kuma kada ya yarda a fara aikin sai a kan inbata ko janareta.