Iyakar Lokaci a Ƙagaggun Labaran Kimiyya

1.0 Gabatarwa

Fitowar Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo a 1969 ta ɗora wa manazarta adabin Hausa nauyin rarrabe ƙagaggen labarin kimiyya da tatsuniya. Wannan muƙala za ta yi bayanin ɗaya daga cikin tubalan ginin irin wannan labari, wato iyakar da lokaci ke rikicewa.

2.0 Ma'anar Iyakar

Wanda ya tashi daga Vinikilang ya ƙetare gadar Binuwai zuwa kasuwar Jimeta, idan ya komo, agogonsa da na iyalinsa daidai suke. A labarin kimiyya kuwa, akwai iyakar da matafiyi zai ɗan jima a bakinta, ya komo ya tarar da 'ya'yansa sun yi furfura.

3.0 Tushenta

Tushen wannan tunani shi ne ra'in Einstein na 1915, wanda ya nuna cewa ƙarfin jan da manyan halittun samaniya ke yi yana rage gudun lokaci. A bakin baƙin rami, inda ko haske ba ya kuɓuta, mai hange daga nesa zai ga agogon matafiyi kamar ya tsaya cik. A fim ɗin Interstellar na 2014, sa'a 1 a wata duniya kusa da ramin daidai take da shekara 7 a tamu.

4.0 Kammalawa

A tatsuniya, aljani ko tsafi ke naɗe lokaci, ba a neman dalili. A labarin kimiyya kuwa, wajibi ne marubuci ya kawo hujjar da hankali zai kama. Wannan shi ne ma'aunin da ya dace manazarci ya riƙe.