MATATTUN ALADU NA WASAN MINECRAFT: SANIN HALINSU YA FI TAKOBI

A cikin dukan wasannin kwamfuta da na wayar salula, babu wanda aka saya kamar Minecraft. Wani mutumin ƙasar Suwidin, Markus Persson, shi ya fito da shi a shekarar 2009, aka kammala shi a watan Nuwamba na 2011. A shekarar 2014 kamfanin Microsoft na Amurka ya sayi Mojang, watau kamfanin da ke yin wasan, a kan dala miliyar 2 da rabi. A watan Oktoba na 2023 kuwa aka ba da sanarwar cewa an sayar da kwafi fiye da miliyan 300. Yara suna yin sa, manya ma suna yi, har akwai irin wanda aka tsara musamman domin makarantu tun 2016.

A cikin wannan wasa ana sakar wa mutum fili ne ya yi abin da ya ga dama, kamar yaro a bisa rairayi. Kome na duniyar wasan da tubala masu kusurwa huɗu aka yi shi: ƙasa, dutse, itace, har da ruwa. Mai wasa yakan sari itace, ya haƙa rami, ya yi noma da kiwo, ya ƙera kayan aiki, ya gina gida. Ransa kuwa zukata 10 ne da ake nunawa a ƙasan allo, watau maki 20. In suka ƙare ya mutu, dukan abin da yake ɗauke da shi sai ya watse a wurin. Kayan da suka zube ba su wuce minti 5 a ƙasa muddin akwai mai wasa a yankin, waɗanda suka faɗa cikin wuta kuwa galibinsu sun ƙone ke nan. Ashe kuskure guda yana iya cinye aikin kwana da kwanaki. Cikin irin waɗannan kurakurai da ke kayar da sababbin ƴan wasa akwai tsokanar matattun aladu.

INDA SUKE ZAUNE

Ban da duniyar sarari, mai rana da ciyawa, wasan yana da wata duniya ta ƙarƙashi da ake kira Nether. An shigar da ita cikin wasan a ƙarshen watan Oktoba na 2010. Ba a zuwa can sai an gina ƙofa da wani baƙin dutse mai suna obsidiyan, tubali 10 aƙalla, a kunna ta da ƙyastu. Ƙasa ce ta duhu da jan dutse da tafkunan narkakken dutse. Ruwa ba ya zama a cikinta, da an zuba sai ya bi iska. Wanda ya nemi kwanciya a gado kuwa, gadon fashewa yake yi. Duk da haka ƴan wasa ba su fasa zuwa, domin akwai kayan da ba a samu sai can, kuma taku 1 a Nether daidai yake da taku 8 a duniyar sarari, saboda haka hanya ce ta rage nisa.

A nan ne matattun aladu suke yawo ƙungiya-ƙungiya. Siffarsu ta mutum ce mai kan alade. Rabin jikin ya ruɓe, ana ganin ƙoƙon kai da haƙarƙari, ga takobin zinariya a hannu, ga gurnani ba fasawa. Shekara 10 ana kiran su zombie pigman a Turancin Ingilishi. A watan Yuni na 2020, lokacin da aka sabunta Nether baki ɗaya, aka sake musu kama da suna, suka zama zombified piglin, a Faransanci kuwa piglin zombifié. Mu a nan za mu kira shi mataccen piglin.

KAMA DA WANE BA WANE BA CE

Abu na farko da ya wajaba a sani shi ne, tun daga 2020 masu kan alade a wasan ba iri ɗaya ba ne, kuma kowane da halinsa.

Na ɗaya shi ne piglin mai rai. Jikinsa lafiya lau, yana riƙe da takobi ko baka. Shi maƙiyi ne, da ya hango mai wasa sai ya far masa, sai fa in mai wasan yana sanye da wani abu na sulken zinariya, ko da kwalkwali ne ko takalmi. Mayen zinariya ne. In aka jefa masa dunƙule guda, sai ya ɗauka ya dudduba, sa'an nan ya jefo wani abu a maimakonsa, watau ba ni gishiri in ba ka manda. Amma ko da sulken zinariya, in aka buɗe akwati ko aka haƙi zinariya a gabansa, yakan fusata. Akwai kuma wani ƙato daga cikinsu mai riƙe da gatari, mai gadin rusassun ganuwoyinsu, wanda ba ya ciniki, ba ya kuma duban sulken kowa.

Na biyu shi ne mataccen piglin. Shi ne mafi munin gani, amma shi ne mafi sauƙin zama. Ba ruwansa da zinariya, ba ya ciniki, ba ya kuma fara taɓa kowa. Mutum yana iya ratsa tsakiyarsu, ya yi haƙarsa, ya yi gininsa, ba wanda zai ɗaga masa takobi. Abin mamaki ma, masu rai tsoronsa suke ji, in sun gan shi kusa sai su ja da baya.

Na uku shi ne zoglin. Asalinsa wata dabba ce mai ƙafa huɗu da haure kamar gyado, ana kiran ta hoglin. In hoglin ya fita daga Nether ya yi sakan 15 a duniyar sarari, sai ya kama makyarkyata ya rikiɗa ya zama zoglin. Wannan kam ba shi da aboki. Yana kai wa kusan kowace halitta hari, yana cilla ta sama da haurensa, kuma ransa maki 40 ne, ninkin na mai wasa. Wanda ya bar hoglin ya bi shi ta ƙofa ya jawo wa garkensa annoba.

Haka piglin mai rai yake zama matacce in ya yi sakan 15 a wajen Nether. Alade na gida ma, in tsawa ta faɗa kusa da shi, yakan rikiɗa nan take. Wani lokaci kuma ƙofar kanta takan fitar da ɗaya a duniyar sarari. Wannan rikiɗa ba ta da magani. Mutumin ƙauye da ya zama gawa mai tafiya ana iya warkar da shi da ruwan raunanawa da tuffar zinariya, amma su waɗannan sun tafi ke nan.

GIDAN RINA

To, tun da ba ya fara faɗa, ina hatsarin yake? Hatsarin yana cikin zumuncinsu. Duk wanda ya taɓa ɗaya, ko da gangan ko da kuskure, ya taɓa duka. Wanda aka buga sai ya yi kururuwa, ƴan'uwansa na kusa da na nesa su amsa, su ƙara sauri, su yo ca a kan mai laifi. A irin wasan na kwamfuta da ake kira Java, a matsakaicin mataki, saran takobinsu guda yana cin maki 8. Watau wanda ba shi da sulke, sara 3 sun gama da shi. Ran kowane ɗayansu maki 20 ne, daidai da na mai wasa, amma sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi.

Galibi ba da niyya ake tsokanar su ba. Mai haƙar dutse yana cikin dukan diga, ɗaya ya gitta ta gabansa, diga ta same shi. Maharbi ya auna wata halitta, kibiya ta kauce. Akwai wata farar halitta mai shawagi, ghast, mai jifa da dunƙulen wuta. In mai wasa ya doke dunƙulen ya koma, ya faɗa a kan mataccen piglin, laifin nasa ne. A irin Java kuma takobi yakan share na gefe in aka kai sara. Saboda haka doka ta fari ita ce: kada a yi faɗa, kada a yi haƙa, alhali suna tsaye a gaba. A jira su wuce, ko a toshe tsakani da tubala.

IN ABIN YA AUKU

Rigakafi ya fi magani, amma in an riga an ɗebo da zafi, ga abin da ya kamata a yi.

Da farko, kada a tsaya a fili a ce za a gwada ƙarfi. Duk wanda aka sara yana ƙara kiran wasu. Abin nema shi ne a ɓace musu da gani. Tsawonsu kusan tubali 2 ne, ba su kuma hawa bango. Mai wasa yana iya jera tubala 3 a ƙarƙashin ƙafarsa ya hau, ko ya kutsa cikin dutse ya rufe bayansa. Sai dai a toshe kowace kafa, gama ƙananansu sun fi manya gudu, kuma suna shiga ramin tubali 1. Don haka ne masu hankali ba su shiga Nether sai da tarin fasassun duwatsu na duniyar sarari, waɗanda wutar ghast ba ta rusa su.

Na biyu, a yi haƙuri. Fushinsu yana da iyaka. In sun daina ganin mai laifi, ya kuma yi musu nisa, galibi kafin minti guda sun huce. In kuwa sun kashe shi, bisa ƙa'idar wasan ta asali, sun yafe.

Na uku, kada a dogara ga ƙofa. Mai wasa sai ya tsaya sakan 4 a cikinta kafin ta ɗauke shi, su kuma suna iya bin sa har gida. Ya kyautu a kewaye ta da shinge ta kowane gefe tun kafin a bukata.

Na huɗu, a san makamin da ke cin su. Wuta ba ta ƙona su, narkakken dutse ba ya cin su, hasken rana ba ya yi musu kome, dafi ma haka. Da yake matattu ne, magani a juye yake aiki a jikinsu: ruwan warkarwa yana cutar da su, ruwan cutarwa yana ƙara musu lafiya. Akwai kuma wani tsari da ake yi wa takobi, mai suna Smite, wanda ke ƙara maki 2 da rabi a kowane mataki a kan dukan matattu, har mataki 5.

AMFANINSU

Wanda ya san halinsu yakan mai da su rijiyar arziki. Kowane ɗaya in ya mutu yana iya barin ƙwayar zinariya da ruɓaɓɓen nama. Ƙwaya 9 suke yin dunƙule 1. Sau ɗaya cikin 40 yakan bar dunƙule sukutum, wani lokaci kuma takobinsa. Ƙwararru sun lura cewa ba su iya ganin ƙwan kififiya su ƙyale, sai sun je su tattake shi. Sai su ɗora ƙwan a bayan rami mai zurfi, matattun su yi ta zuwa suna faɗawa, zinariya tana taruwa a cikin akwati. Da ita ake yin tuffar zinariya, mai cin dunƙule 8, da agogo, mai cin 4, da kuma ciniki da piglin masu rai. Ko naman ba a yar da shi: mai haɗa magunguna na ƙauye yana sayen guda 32 da zumurrudu 1.

Daga ƙarshe, iyaye da malamai da suka leƙa allon yaro suka ga waɗannan halittu, ko suka gan su a sinimar Minecraft da ta fito a 2025, su sani zane ne da kwamfuta ke motsawa bisa ƙa'idodi ƙididdigaggu. Yaron da ya ƙware a kansu ya koyi bambanta abubuwa uku masu kama da juna, ya koyi lissafin abin da zai samu da abin da zai rasa, ya kuma koyi riƙe hannunsa. In kuna son ku gwada saninsa, ku tambaye shi wanne ake sa wa sulken zinariya, wanne ake ba hanya, wanne kuma ba a bari ya ƙetare ƙofa.