Tama da Ƙarfe: Bayani a kan Yadda Ake Fitar da Ƙarafa daga Ma'adinansu

1.0 Gabatarwa

A duk lokacin da muka zo kan darasin ƙarafa da ɗalibanmu masu shirin zama malaman makaranta, mukan ɗora dutsen tama a kan tebur mu tambaye su yadda za a fitar da ƙarfe daga cikinsa. Amsar ba ta cika sauyawa ba: a sa shi a wuta ya narke, ƙarfen ya tsiyaye, tsakuwar ta saura. Watau a ganin ɗalibi, ƙarfe yana cikin tama ne kamar yadda mai yake cikin gyaɗa, matsa kawai yake jira. Wannan fahimta kuskure ce, kuma ba laifin ɗalibi ba ne shi kaɗai, tun da mu kanmu "narkar da tama" muke cewa. Abin damuwa shi ne, wanda ya bar kwaleji da wannan kuskure, shi ne gobe zai tsaya gaban aji ya shuka shi a zukatan yara. Manufar wannan takarda ita ce ta nuna cewa ainihin aikin shi ne raba ƙarfe da iskar oksijin, narkewa kuwa wani lokaci takan biyo baya, wani lokaci ma ba ta faruwa sam.

2.0 Mece ce tama?

Duk manomin da ya manta fartanyarsa a gona da damina ya san tsatsa. Tsatsa ƙarfe ne da ya haɗu da oksijin na cikin iska tare da danshi, har ya zama wani abu dabam, ja, mai marmashewa. To, tama 'yar'uwar tsatsa ce. A cikin giram 160 na jar tama tsantsa akwai giram 112 na ƙarfe da giram 48 na oksijin, amma ba gauraye suke ba irin na tsakuwa da shinkafa, a ɗaure suke da juna, shi ya sa mayen ƙarfe ba ya ɗaukar jar tama. Ko da za a hura wuta har ta narke, abin da za a samu narkakkiyar tama ce, ba ƙarfe ba.

Saboda haka dole a kawo wani abu wanda ya fi ƙarfe kwaɗayin oksijin, ya ƙwace ta. Wannan abu shi ne kabon, watau sinadarin da gawayi ya ƙunsa. Idan gawayi ya ci wuta a wurin da iska ba ta wadace shi ba, yakan fitar da iskar kabon-monoksaid, ita ce ke ratsa tama mai zafi tana zare mata oksijin:

Fe2O3 + 3CO → 2Fe + 3CO2

Ashe ke nan aiki biyu gawayi yake yi a tanderu, yana ba da zafi, yana kuma karɓe oksijin. Na farkon kowa ya san shi, na biyun ne ke kuɓuce wa ɗalibai.

3.0 Tanderun gargajiya

Wannan sana'a tsohuwa ce a ƙasar nan. A Taruga, kusa da Abuja, Bernard Fagg ya tono tandaye a shekarun 1960, waɗanda aka ƙiyasta sun kai kusan shekara 2,500. A Kano ma, labarin da aka gada yana cewa neman tama ne ya kawo maƙera daga Gaya zuwa gindin Dala.

Masu aikin sukan gina tanderu da yumɓu, su soka bututan yumɓu a gindinsa domin shigar iska, sa'an nan su jera gawayi da farfasasshiyar tama hawa-hawa. Gawayin itace mai tauri suke nema, irin na ƙirya, domin shi ne ba ya saurin zama toka. Zafin irin wannan tanderu yakan kai wajen digiri 1,200 a ma'aunin Salshiyos, alhali ƙarfe tsantsa ba ya narkewa sai a digiri 1,538. Ga shi kuwa ana samun ƙarfe. Abin da ke narkewa shi ne yashi da ƙasar da ke tare da tamar, su ne ke gangarowa su daskare su zama kashin ƙarfe, irin wanda har yau ake tarar da tsibinsa a tsofaffin kufai. Shi ƙarfen kuwa a dunƙule ake ciro shi, mai ƙofofi kamar soso, sai maƙeri ya mai da shi wuta da zugazugi, ya yi ta dukansa da masaba a kan uwar maƙera har ragowar dattin ya fita. Da a ce narkewa ce sirrin, da kakanninmu ba su taɓa ƙera ko lauje ba.

Bai kamata mu ɓoye aibin wannan hanya ba. Tana cin itace ƙwarai, kuma ƙarfe mai yawa yakan salwanta a cikin kashin, wani lokaci kusan rabin nauyin kashin ƙarfe ne. Don haka da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, ƙarfen Turai da tarkacensa suka yawaita a kasuwa, sana'ar ta fara ja da baya har ta mutu. Ƙira ta rayu, haƙar tama da gasa ta ne suka tafi.

4.0 Babban tanderu na zamani

Babban tanderu, wanda tsayinsa kan kai mita 30, bai sauya ƙa'idar ba, girma da zafi ya ƙara mata. Maimakon gawayin itace ana zuba gasasshen kwal, dabarar da Abraham Darby ya yi nasara da ita a Ingila a 1709. Ana hura iska mai zafi ta ƙasa, ana kuma ƙara dutsen farar ƙasa, wanda ke kama yashin, ta haka ba a asarar ƙarfe a cikin kashin. A nan ƙarfen yakan narke, amma sai bayan an riga an raba shi da oksijin a can saman tanderu. Yana gangarowa yana shan kabon, kimanin kashi 4 cikin 100, kuma wannan kabon ne ke sauko da ma'aunin narkewarsa zuwa wajen digiri 1,150. Ƙarfen da ya fito haka gautsi gare shi, ba ya ƙeruwa, sai an sake ƙone mafi yawan kabon ɗin, aikin da Henry Bessemer ya sauƙaƙa a 1856.

Wannan hanya aka zaɓa wa masana'antar Ajaokuta, wadda aka ba wani kamfanin Tarayyar Sobiyat kwangilar gininta a 1979. Tun daga farko akwai matsaloli biyu na kimiyya, ban da na kuɗi da na siyasa waɗanda ba su ne batunmu ba. Tamar Itakpe ba ta wuce kashi 36 cikin 100 na ƙarfe ba, sai an niƙa an tace ta kafin ta cancanci shiga tanderu, kwal ɗin Inugu kuwa ba ya gasuwa ya yi taurin da ake bukata. Ba a taɓa kunna wannan babban tanderu ba. A Aladja ta Jihar Delta kuwa, inda aka buɗe masana'anta a 1982, wata hanya aka bi: iskar gas ce ke zare oksijin daga tama ba tare da ƙarfen ya narke ba, ya fito mai ƙofofi, sa'an nan a narkar da shi da lantarki a wani tanderun dabam. Duk wanda ya fahimci tanderun gargajiya ba zai ga baƙon abu a nan ba.

5.0 Sauran ƙarafa

Hanyar da ake bi wajen fitar da kowane ƙarfe ta dogara ne ga ƙarfin riƙon da ya yi wa abokin haɗinsa. Zinariya ba ta riƙe komi, a tsirararta ake samun ta, wanki da rairaya kawai take bukata. A nan ne kaɗai amsar ɗalibanmu ta kusa zama daidai. Amma dutsen da take ciki yakan zo da wasu abubuwa, kamar yadda aka gani a Zamfara a 2010, inda ƙurar dalma daga dutsen da ake niƙawa a cikin gidaje ta kashe yara aƙalla 400.

Kuza misali ce mai kyau ga aji. Ƙarfenta yana narkewa a digiri 232 kacal, ko a kan murhun girki, amma baƙin yashin da ake wankowa a Filato ba ya sakin oksijin sai da gawayi da zafin da ya haura digiri 1,000. Mutanen Ririwai sun san wannan aiki tun kafin zuwan kamfanonin Turawa. Dalma kuwa da farar wuta take ɗaure, shi ne dutsen kwalli, don haka sai an fara gasa shi a iska farar wutar ta ƙone, kafin gawayi ya yi nasa aikin.

Alminiyam ne ya gagari gawayi. Ya fi kowane ƙarfe yawa a ɓawon ƙasa, amma riƙonsa da oksijin ya fi ƙarfin tanderun da aka saba da shi, har sai da Charles Hall a Amurka da Paul Héroult a Faransa, kowa da kansa, suka gano yadda za a raba su da lantarki a 1886. Kilo ɗaya yana cin kimanin kilowat 14 na awa guda. Wannan ne ya sa masana'antar Tema a Gana, wadda ta fara aiki a 1967, ta jingina da madatsar ruwa ta Akosombo.

6.0 Shawara ga malamin aji

Muna ganin ya kyautu a bar kalmar "narkewa" ga ma'anarta ta asali, watau daskararren abu ya zama ruwa, a riƙa kiran wancan aikin "ƙwace oksijin". Muna gabatar da wannan ga mahalarta taro domin su duba, wataƙila akwai mai kalmar da ta fi ta.

Akwai kuma gwaji mai araha da mukan yi. A gauraya baƙar hodar jan ƙarfe mai oksijin da garin gawayi, a zuba a kwalbar gwaji mai jure wuta, a gasa sosai na 'yan mintoci, a bari ta huce, sa'an nan a juye cikin ruwa a tsiyaye ragowar gawayin. Jan ƙarfe zai bayyana a ƙasa, ja-ja, alhali ba ya narkewa sai a digiri 1,085, zafin da kwalbar ba ta kai ba. A sake gasa baƙar hodar ita kaɗai ba gawayi, ɗalibai su gani da idonsu tana nan baƙa yadda take. Daga nan sai malami ya mai do da dutsen tama kan tebur ya maimaita tambayarsa ta farko.