Lambar Rauni a Takardar Asibiti da Mai Babur na Hanyar Daji

A asibitin da yake aiki da inshorar lafiya, ba a aika wa mai biyan kuɗi bayanin ciwo da dogon zance, ana dunƙule shi ne cikin harafi ɗaya da 'yan alƙaluma da aka ciro daga kundin rarrabe cututtuka na duniya, wanda ma'aikatan lafiya suke kira ICD. Asalin kundin jeri ne na sanadin mace-mace wanda wani Bafaranshe masanin ƙididdiga, Jacques Bertillon, ya tsara, aka amince da shi a 1893, sannan Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamarsa a 1948, aka shigar da cututtuka da raunukan da ba su kai ga ajali ba. Bugu na goma, wanda aka amince da shi a 1990, shi ne har yanzu yake hannun yawancin masu adana bayanan asibiti, ko da yake na sha ɗaya ya fara aiki a watan Janairun 2022.

Wanda ya yi haɗari lamba biyu yake samu. Ta farko, mai farawa da S ko T, tana faɗin abin da ya sami jiki: S72 karayar cinya, S82 karayar ƙafa daga gwiwa zuwa idon sawu, S06 rauni a cikin ƙoƙon kai. Ta biyu, wadda a haɗarin abin hawa take farawa da V, tana faɗin yadda abin ya faru, wato irin abin hawan, da abin da ya ci karo da shi, da kuma ko mai raunin shi ne matuƙi ko goyo shi aka yi. A cikin wannan rukuni, V86 ta motocin da aka ƙera musamman don tafiya inda babu titi ce, kamar ƙaramar motar nan mai faffaɗan tayu huɗu da ake hawa kamar babur. Matuƙinta idan ya ji ciwo a kan hanyar jama'a V86.0 ake rubuta masa, idan kuwa a gona ne ko a fili, sai a rubuta V86.5. Amurka, wadda ta koma kan nata faɗaɗɗen tsari mai lambobi wajen 70,000 a ranar 1 ga Oktoban 2015, ta ƙara tsawaita lambar, ta yadda V86.55XA take nufin matuƙin mai taya uku ko huɗu da ake yi wa jinyar farko, a sauya harafin ƙarshe zuwa D idan ya dawo bibiya, ko S idan raunin ya bar masa larura.

A Nijeriya kuwa, a Sunke da sauran ƙauyukan Anka, da na Gummi da Bukkuyum, ba kasafai ake ganin irin wannan mota ba. Aikin da aka ƙera ta don shi babur ne yake yinsa, shi ne yake ratsa yashi da laka da ƙoramu da damina, ɗauke da buhun hatsi, ko duwatsun masu haƙar zinare, ko mara lafiya da mai riƙe shi a baya. Kundin bai ɗauki wannan babur a matsayin abin hawan daji ba, domin da manufar ƙira yake auna abin hawa, don haka mai babur yana tsakanin V20 da V29 ko ta ina ya bi. Wanda ya buge akuya ko mai tafiya a ƙasa V20 ne, wanda ya daki amalanken shanu V26, wanda ya afka wa itace V27, wanda kuma tayarsa ta gaba ta nutse a yashi ya kife ba tare da ya taɓa komai ba V28.

Abin da ya fi dacewa a tsaya a kai shi ne ma'anar hanya. A wurin kundin, hanyar jama'a ita ce duk filin da doka ko al'ada ta buɗe wa mutane don su wuce da kayansu, kuma kalmar al'ada a nan tana da nauyi ƙwarai, domin ta shigar da turbar da ta haɗa ƙauye da kasuwa ko da kwalta ba ta taɓa sauka a kanta ba. Ke nan matuƙin da ya kife a kan turbar Sunke zuwa Anka haɗarin hanya ya yi, lambarsa V28.4, amma da a cikin gonarsa ya kife da V28.0 za a rubuta. Idan takardar likita ba ta ambaci wuri ba, ƙa'ida ta ce a ɗauka a kan hanya ne, sai dai in abin hawan na daji ne, a nan sai a ɗauki akasin haka.

Ta fuskar kuɗi, lambar jiki ce mai magana. Tsarin inshorar lafiya na Nijeriya, wanda aka ƙaddamar a 2005 kuma dokar 2022 ta wajabta shigarsa, yana biyan ƙananan asibitoci wani kaso tsayayye kan kowane mai rajista, yana kuma biyan manyan asibitoci gwargwadon aikin da suka yi bayan an ba da izinin tura mara lafiya, kamar a ɗauke shi daga babban asibitin Anka zuwa Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Gusau don a yi masa aikin ƙashi. A irin wannan neman biya ana duba ko aikin da aka yi ya dace da raunin da aka rubuta, kuma hoton ƙashi da filasta sun dace da S82 ko mutum daga babur ya faɗo ko daga rumbu. Shi ya sa lambar V, da yake ba ta ƙara ko kwabo, ita ce farkon abin da ma'aikacin da layi ya yi wa yawa yake tsallakewa. Wannan sakaci ne mai tsada, ko da ba a ganin tsadarsa a rasit.

Ga shi kuma sama da kashi 70 cikin ɗari na kuɗin da ake kashewa kan lafiya a ƙasar daga aljihun majinyata yake fitowa, kuma mai karaya a ƙauye sau da yawa gidan maɗori ake nufa da shi, inda babu rajista balle lamba. Mutanen wannan yanki sun san amfanin ƙirga ciwo da sunansa, domin a 2010, da gubar dalma ta kashe yara fiye da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, Sunke na cikinsu, sai da aka gwada jini aka tabbatar da sanadin kafin aka fara ba da maganin da ya dace, aka kuma kwashe gurɓatacciyar ƙasa daga gidaje. Raunin babur ɗaiɗai yake zuwa, kuma hukumar kiyaye haɗurra, da aka kafa a 1988, ta fi sa ido a kan manyan tituna, saboda haka katin asibiti shi ne kusan wuri ɗaya tilo da za a rubuta wane ne yake tuƙi, da me aka yi karo, kuma a kan turba ne ko a gona.