Simon Schwendener da Gansakukar Dutse

Duk wanda ya hau duwatsun ƙasar Zakka, ko na wajen Safana da Batsari, in ya duba da kyau zai ga waɗansu tabo-tabo manne a jikin dutse. Waɗansu toka-toka ne, waɗansu kore-kore, waɗansu kuwa rawaya. A kan same su kuma a bawon tsofaffin itatuwa. Mai wucewa sai ya zaci tsatsa ce ko dauɗa, alhali kuwa abu ne mai rai. Turawa suna kiransa laikin, da Hausa kuwa a iya ce masa gansakukar dutse. Ba ta da saiwa, ba ta da ganye, ba ta yin fure. Da rani ta kan bushe ƙayau kamar ta mutu, ruwan fari na sauka sai ta farfaɗo.

Mutumin da ya gano asirinta sunansa Simon Schwendener. An haife shi a 1829, a wani gari da a ke kira Buchs, cikin ƙasar Suwizalan. Ubansa manomi ne, amma shi zuciyarsa tana wajen karatu. Ya yi ta neman ilmi har ya sami digirin dakta a Jami'ar Zurik cikin 1856. Daga nan ya bi malaminsa, Carl Nägeli, zuwa birnin Munik na ƙasar Jamus, ya zama mataimakinsa.

A can ne ya duƙufa a kan gansakukar dutse. Ya kan yanka ta sala-sala, har ta fi bawon albasa rashin kauri, sa'an nan ya sa ta ƙarƙashin madubin likita, watau madubin nan mai ƙara girman abu. Kullum abu biyu ya ke gani. Na farko waɗansu fararen zarurruka ne a sarƙe kamar auduga. Na biyu waɗansu ƙananan ƙwayoyi ne koraye, a kwance tsakanin zarurrukan.

Malaman da suka riga shi su ma sun ga haka, amma suka ce duk gaɓoɓin tsiro guda ne. Shi kuwa da ya yi shekara da shekaru yana dubawa, sai ya lura korayen ƙwayoyin nan ba su da bambanci da gansakukar da ke zaman kanta a tafki da wurare masu laima. Zarurrukan kuma dangin funfuna ne, irin wadda ke fitowa a kan tuwon da ya daɗe a ajiye. Ashe halitta biyu ce ta haɗu ta zama kamar ɗaya!

Ga yadda zamansu ya ke. Funfuna ba ta iya yi wa kanta abinci, amma ta iya kama dutse, ta tsotsi ruwa, ta yi rumfa. Gansakuka kuwa ta iya haɗa abinci da hasken rana da ruwa da iska, amma in ta zauna a fili a kan dutse rana za ta ƙone ta. To, sai ɗaya ta gina ɗaki, ɗaya ta yi girki. Schwendener ya kwatanta su da ubangiji da bawansa, don funfuna ita ke riƙe da gida. Amma dai tare su ke rayuwa inda kowaccensu ita kaɗai ba za ta iya ba.

A 1867, shekarar da ya zama babban malamin ilmin tsirrai a Jami'ar Basel, ya bayyana wannan magana a gaban taron masana. Maimakon yabo, sai manyan masu ilmin gansakukar dutse suka yi masa ca. Suka ce tatsuniya ce. Babbansu, William Nylander, mutumin ƙasar Finlan da ke zaune a Faris, bai yarda ba har ya mutu a 1899. Sunan Schwendener ya kusa zama abin dariya a wurinsu, amma bai janye maganarsa ba, gama abin da idonsa ya gani ya faɗa.

Gaskiya dokin ƙarfe ce. Waɗansu malamai suka ce bari su gwada da kansu. Wani Bafaranshe, Gaston Bonnier, ya haɗa irin funfunar da gansakuka a cikin kwalba mai tsabta, ya jira, sai ga gansakukar dutse ta tsiro. Ya buga labarin gwajinsa a 1889. Sannu a hankali duniya ta karɓi maganar Schwendener. Shi kuwa ya ci gaba da aikinsa. Ya koma Jami'ar Barlin a 1878, ya yi ta koyarwa har 1910, ya rasu a 1919 yana da shekara 90.

Yanzu an san irin gansakukar dutse wajen 20,000. Waɗansu ba su ƙara ko milimita ɗaya a shekara, saboda haka tabo kamar tafin hannu ya iya girme wa tsohon da ke zaune kusa da shi. Tana cin dutse kaɗan kaɗan har ya zama ƙasa, waɗansu tsirrai su sami wurin fitowa. Ba ta kuma son hayaƙi, inda iska ta ɓaci ta kan ɓace.

Yaron da ya tsaya ya duba abin da kowa ke takawa ya wuce, ya kuma riƙe gaskiyar abin da ya gani, ya kama hanyar ilmi ke nan.

Tambayoyi

1. Waɗanne abubuwa biyu ne suka haɗu a cikin gansakukar dutse?
2. Mene ne aikin kowannensu?
3. Yaya aka tabbatar da maganar Schwendener?