Fina-finan Talakawan Biyetnam da Almakashin Hukumar Tacewa

Bayan ƙarewar yaƙi a 1975, gwamnati ce ke riƙe da harkar shirya fina-finai a Biyetnam, kuma akasarin labaran ba su wuce jarumtar soja da gina ƙasa ba. Sauyin tattalin arziki na 1986 da ake kira Doi Moi ya buɗe kasuwa, sannan a farkon shekarun 2000 aka halatta kamfanonin fim masu zaman kansu. Daga nan ne daraktoci masu cin gashin kansu suka ɓullo, wato waɗanda ke harhaɗa jari daga aljihunsu da tallafin ƙetare, suna ɗaukar hoto a lunguna da ƙauyuka domin nuna rayuwar talaka yadda take.

Fim ɗin da ya fi bayyana wannan salo shi ne Ròm na Tran Thanh Huy. Labarin wani yaro ne marar galihu a wani tsohon gidan haya na birnin Ho Chi Minh da ake shirin rushewa, inda mazauna, waɗanda bashi ya yi wa katutu, suka ɗora begensu kan haramtacciyar cacar lambobi, yaron kuwa shi ke zaɓar musu lamba yana tsere da takardun a tsakanin babura. In ta ci ya samu tukuici, in ta faɗi ya sha duka. Daraktan ya karkatar da kyamara har mai kallo ya ji ƙasa ba ta tsaya daidai ba, kuma wannan dabara ta dace da halin mutanen da rufin kansu ba shi da tabbas. Fim ɗin ya ci babbar kyauta a bikin Busan na Koriya ta Kudu a 2019, amma a gida an ci kamfanin da ya shirya shi tarar dong miliyan 40 na kuɗin ƙasar saboda kai shi bikin ba tare da izini ba, kuma sai da aka yanke wasu sassa kafin a nuna shi a 2020, jama'a kuwa suka yi tururuwa.

Darakta Ha Le Diem kuwa ta bi hanyar fim ɗin gaskiya, wanda ba a rubuta wa labari, ta shafe kimanin shekara uku da wata yarinya 'yar ƙabilar Hmong a tsaunukan arewa, inda al'adar sace budurwa domin aure ba ta gushe ba, aikin kuma ya samo mata kyautar darakta a bikin fina-finai na Amsterdam a 2021.

Abin takaici shi ne waɗanda aka yi fina-finan a kansu su ne ƙarshen gani. Fim ɗin Vị na Le Bao, wanda jaruminsa ɗan ƙwallon Najeriya ne da kulob ya sallama bayan ya ji rauni a ƙafa, ya samu kyauta a bikin fina-finai na Berlin a 2021, amma hukumar tacewa ta haramta nuna shi a Biyetnam saboda yawan tsiraicin da ke cikinsa.